Wayar Iro

Abdulmumin mai gyaran waya ya danne maɓallai biyu yana ƙirge a ransa, har fuskar wayar ta yi baƙi ƙirin. Biba ta miƙe zumbur daga kan benci.

"Ka kashe ta!"

"Zamna, baiwar Allah, ba ta mutu ba. Kahin ta hwalka nika son in shiga."

Da hantsi Biba ta iso Madawa daga Tabotaki, kwana uku da fitarta takaba. Wayar ta mijinta ce, Iro, wanda ya rasu a wani asibiti a Abijan. Abokin da ya kawo kayansa ya rantse ya ga Iro ya kara wayar a baki, yana ta yi wa Biba magana, amma saƙon bai tafi ba don babu rezo, wato sabis, a ɗakin. Wata huɗu da kwana goma tana ɗauke da maganar da ba ta ji ba.

Da an bar wayar ta huta, da abin ya zo da sauƙi. Amma a zaman makoki sai da ta zaga tabarma kamar farantin goro. Kowa da iliminsa wajen cankar kodi, lambar sirrin da Iro ya kulle ta da ita. Wani ya buga shekarar haihuwar Iro, wani lambar babur, har wani kawu da bai taɓa riƙe waya ba ya yi bisimilla ya dangwala tasa. Wayar ta gaji ta kulle gaba ɗaya.

Rubutu ya fara gudu a fuskar ordinatar, kwamfutar da Abdulmumin ya jona wayar da ita da igiya, sai wata doguwar lamba ta tsaya.

"Ga lambatta nan," in ji Abdulmumin. "Cikin ƙwaƙwalwatta take, duk duniya babu mai irinta. Tsohuwar ƙira ce, akwai ƙohwar shiga."

Biba ta koma kan benci. Aka kira azahar, aka sallame, yana duƙe. Can ya cire tabarau ya murza idanu.

"Ina iya tashe ta, ta koma awa sabuwa. Amma abin da ac ciki, an ɗamre shi da wagga lamba da kodin Iro, su biyu tare. In na buɗe babu kodi, komi sharewa shikai."

"Har muryatai?"

"Har ita."

Biba ta durƙusa a ƙasan rumfar, ba ta ma kula da masu wucewa ba. "Malam, don Allah don Annabi. Ko kalma guda. Ko tarinai ne, in ji."

Tausayi ya kama shi har ya kasa duban ta. "Wallahi da ina iyawa da na yi. In kinka bar ta hakanan, maganar tana ciki. Ƙila wata rana a hiddo wata dubara. Ban yi miki alkawali ba."

Ta tashi daga durƙuson. Sannan ta miƙa hannu, ya zare igiyar daga wayar ya ba ta. Ta naɗe wayar a gefen zane, ta ƙulle har sau biyu.

A bakin rumfa ta juyo.

"Duk kwana nawa aka ba ta wuta, kada ta mutu?"