Alkamar Kosta

"Tsaya, maida shi baya," in ji matata Safiya. Ta matsa kusa da bango har inuwar ɗankwalinta ta rufe rabin hoton.

Kosta ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Maƙwabcinmu ne a Talata Mafara, mutumin ƙasar Girka, makaniken da aikin dam ɗin Bakolori ya kawo. Kullum wurina yake sayen tsire, kullum sai ya ce na yi masa rowar yaji. Da ciwo ya kwantar da shi ya ƙi komawa gida, wai ba wanda ya rage masa can. Sai ya riƙa rufe tagogi da rana tsaka ya kunna majigi, mu kalli fim ɗinsa ɗaya tilo: wani ɗan ƙasarsu ya tafi ci-rani, ya yi wanke-wanke a gidan abinci har tsufa, ya mutu. Sau tara na kalla, ko kalma ɗaya ban tsinta ba.

Safiya ƙarshen take so, inda wata tsohuwa ke rabon wani abu a faranti.

"Wagga tsohuwa mi take rabawa?"

"Dafaffiyar alkama, ranar arba'in. Wanda ba a dafa wa ba, ba shi da kowa." Kosta ya kalli rufin ɗaki. "Ni ba mai dafa mini."

"Mu mun mutu ne?" in ji Safiya.

Ranar Alhamis ya cika, abokan aikinsa suka kai shi makabartarsu. Wallahi na yi kewarsa.

Ranar arba'in Safiya ta dafa alkama, rigima ta tashi a gidana. Fim ɗin ba kala, kuma ba mu tambayi ko mene ne farin abin da aka barbaɗa a kai ba. Na ce sukari, ta ce gishiri. Ta kuwa zuba gishirinta, ta bi da man gyaɗa da yajin tsirena.

Unguwa ta ci. Wani tsohon ɗan ƙasarsu ya zo daga sansanin ma'aikata, ya ɗanɗana, idanunsa suka kawo ruwa.

"Sukari ake sa wa," ya ce.

"Ba a san Kosta ba ke nan," in ji Safiya.

Tsohon ya share ido, ya sake miƙo tafin hannu. Abin da ya rage ta juye a ɗan kwano, ta buɗe tagar Kosta, ta ajiye a bakinta.