Jan Ƙyalle a Jikin Itace

Wasiƙar ta iso garin Beltsville, can ƙasar Turawa, ranar Talata, a farkon damunar 2014. Issoufou ya karanta ta cikin tasinsa, ya sake karanta wa matarsa Mubina a gida. Ofishin gunduma ya ce an ɗauki hoton filinsa daga jirgin sama, an ga itatuwa sun lulluɓe shi, saboda haka an sa shi cikin dazuzzukan da ake karewa. Ba noma, ba sara.

"Daji?" in ji Mubina. "To madalla, Baban Samiha. Shekara takwas ashe dawa kake tafiya, ni ina nan ina jiran kuɓewa."

Bai yi dariya ba. Filin nan shi ne abu guda da ya mallaka a ƙasar nan wanda ke ƙamshin gida. Ya saye shi a hannun wani dattijo, Bartholomew, wanda ya yi shekaru yana dasa itatuwa layi-layi yana sayarwa. Da dattijon ya gaji, sai ya sare su duka, ya bar kututturai. Da wani ne, da ya tumɓuke su. Amma Issoufou ɗan ƙasar Maradi ne, ya ga yadda fari ke cinye gona tsirara. Ya yi yadda mahaifinsa ke yi: kowane kututture ya toho, sai ya zaɓi reshe biyu masu ƙarfi, ya datse sauran, ya ɗaura jan ƙyalle don a san itacen nan yana da mai shi. A tsakanin layukan yake shuka yakuwa da kuɓewa da wake. Itatuwan suka yi girma, suka haɗa kai a sama, suka ɓoye gonar daga idon jirgi.

Bartholomew ya same shi a bakin shinge. "Ɗana, jami'ar gunduma za ta zo ran Juma'a. Zan ara maka injin sara. Ka kwantar da su yau, ta zo ta ga fili."

"Baba, hannuna ne ya raine su. Ba zan yanka su don in gamsar da hoto ba. Kuma ba zan bar gonata ba."

Ran Juma'a jami'ar ta zo da taswira a hannu. Sunanta Constance, mace mai fara'a amma mai tsayawa kan takarda.

"Taswira ta ce daji ne," ta ce.

"Madam, taswira daga sama ta leƙo. Ke ga ki a ƙasa. Taho."

Ya ja ta cikin inuwar. Ya nuna mata tabon wuƙa a gindin itace, tsoho da sabo. Ya nuna mata ƙyallayen, wasu sun koɗe har sun koma fari, wasu na ja kamar gauta. Ya tsayar da ita a bakin layi, ta hango itatuwan a jere har ƙarshen fili.

"Wane daji ne ke tsayuwa sahu kamar masallata?"

Mubina, wadda ke biye da su da ƙwaryar iri, ta taɓa wani ƙyalle. "Wannan zanen sallata ne. Ya yage shi bai tambaye ni ba. Ki rubuta wannan ma, a hukunta shi."

Constance ta yi dariya, sannan ta tsuguna ta daɗe tana shafa tabon wuƙar. Ta ɗauki hotuna. Ta ce za ta rubuta cewa gona ce da hannu ya dasa, amma kwamiti ba zai zauna ba sai bayan wata huɗu. Kafin nan, a ƙa'ida, kada ya taɓa ƙasar.

Issoufou ya ɗaga kai. Hadari ya haɗo daga gabas, iska ta fara kaɗa jajayen ƙyallayen gaba ɗaya.

"Ruwa bai san kwamiti ba," ya ce.

Ya ɗauki fartanya ya sari ƙasa a gabanta. Mubina ta jefa iri, ta rufe da diddige. Ya sake sara.

Constance ta dube su, ta dubi alƙalaminta. Sai ta mayar da shi aljihu, ta matsa gefe don kada ta taka ramin gaba.