Saƙon Maruch

Tun da Shafa'atu ta dawo New York daga Chiapas ta kasa zama wuri ɗaya. Mai ɗaukar hoto ce, 'yar Kano, kuma damina guda ta yi a tsaunukan kudancin Meziko tana ɗaukar hotunan matan ƙabilar Tzotzil masu saƙa. A gidan wata tsohuwa Maruch ta sauka. Ranar da za ta taho, Maruch ta riƙe mata hannu ta ce ɗanta Petul yana New York, ya daina kira, don Allah ta nemo shi.

"Ke ma dai," in ji yayanta Hambali da suke zaune tare a unguwar Parkchester. "Garin nan ne za ki nemi mutum da suna kawai?"

"Yaya, na riga na amsa mata."

Ta ajiye aikin baje kolin hotunanta, ta shiga bin rumfunan abincin 'yan Meziko a unguwar Soundview da hoton Maruch a jaka. Da guntun Sifaniyancinta take tambaya. Wasu su girgiza kai, wasu su juya mata baya, suna zaton jami'an shige da fice ne suka turo ta. Ko ta koma gida ba ta iya cin abinci a zaune.

Wata mai sayar da masara ce ta dubi ɗinkin rigar tsohuwar a hoton, ta gane irin na garin su Petul ne, ta nuna wa Shafa'atu wurin wankin mota a ƙarshen titi.

Petul na durƙushe yana goge taya. Da ya ga hoton sai ya miƙe, ya share hannu a wando kafin ya karɓa. Nan Shafa'atu ta lura yatsu biyu na hannun damansa babu.

"Ta rame," ya ce.

"Kullum tana ambatonka. Bari in ɗauke ka hoto in aika mata."

Ya ja da baya, ya ɓoye hannun. "Ba haka ba. Ki dawo Lahadi, in sa riga mai kyau."

Ranar Lahadi ta zo tun ba a buɗe wurin ba, tana kai da kawo a bakin titi, tana cewa a ranta ba zai zo ba. Sai ga shi cikin farar riga, ya yi aski. Ya jingina da bango, hannun dama a aljihu. Ta ɗaga kamara, ya ce ta dakata. Ya daɗe yana kallon ƙasa, sannan ya zaro hannun ya ɗora a ƙirji.

"Ɗauki," ya ce.