Mutum Ɗaya, Kashi Ɗaya

Malam Maje malamin tattalin arziki ne a wata sakandare a Tarauni, kuma wallahi ya iya bayani. In ya tsaya gaban allo yana faɗa wa ɗalibai yadda dukiyar ƙasa ke taruwa a hannun 'yan tsiraru, har jijiyar wuyansa take tashi. Yara suna zaton kishin talaka ne. Akwai shi, ba a hana shi ba. Amma duk sanda ya ce "mai jari", fuska ɗaya yake gani, ta Habibu.

Habibu abokinsa ne tun suna yara a Gyaɗi-Gyaɗi. Benci ɗaya suka zauna a firamare, kuma Maje ne ke karkata masa takarda ya kwafa. Maje ya wuce jami'a, Habibu ya kama tuƙin adaidaita sahu na haya. To yau ga shi nan, adaidaita ta haifi 'yan'uwanta, ya buɗe shagon kayan gyara a titin Gidan Zoo, ya yi gida a Babban Giji, ya je Makka, ko'ina sai Alhaji, Alhaji. Maje kuwa yana nan da babur ɗinsa da sai an lallaɓa yake tashi. Bakinsa bai taɓa iya furta Alhajin nan ba. Hassada ce, mu kira ta da sunanta, shi ma ya san ita ce.

Inda abin ya fi cin sa shi ne ranar watanda. Duk jajiberin ƙaramar sallah 'yan majalisarsu sukan haɗa kuɗi su sayi sa, a yanka, a kasa naman kashi-kashi, kowa ya ɗauki gwargwadon abin da ya zuba. Maje ke tsayawa a kan rabon. Shi kashi ɗaya, Habibu kashi biyar. Da hannunsa yake nuna su, yana kallo a loda su a bayan mota. In ya koma gida matarsa Safiyya ta ɗebi ɗan ƙulli a leda a aika wa mahaifiyarsa, Inna Delu, a Darmanawa. Ranar sallah in ya je gaisuwa Inna ta yi ta zuba masa albarka, wai namansa har maƙwabta sun shaida. Shi dai yakan ce a ransa, uwa kenan, ɗan abu kaɗan sai ta mai da shi dutse.

Bana ya ƙudura, ko sau ɗaya a rayuwa, sai ya ga Habibu ya sunkuya ya ɗauki daidai da nasa. Ranar da aka zauna maganar sayen san bana, bayan la'asar, ya gyara murya.

"Jama'a, ina da shawara. Bana mutum ɗaya, kashi ɗaya."

Yusuf, wani nas da ke cikin majalisar, ya ce, "Haba Malam! Kowa fa kuɗinsa ya biya. In aka cire na Alhaji, ai san ma ƙanƙancewa zai yi."

"Ka ji irin taku!" in ji Maje. "Masana ma haka wasunsu ke cewa, kowa ya ci gwargwadon jarinsa. To wa ya tambayi inda jarin ya fito? Kuɗi haihuwa suke yi, albashi kuwa juya ne. Wasu kuma wai a bar mai kuɗi ya ƙoshi, rarar za ta ɗigo wa na ƙasa. Ni tun yaushe nake tara hannu, ban ga ɗigo ba. Tozo ɗaya ne a jikin sa, hanta ɗaya. A bar mu mu zama daidai ko na yini guda mana!"

Aka kwashe da dariya, amma kawuna suka fara gyaɗawa. Ashe ba Maje kaɗai bayan motar nan ke tsone wa ido ba.

Maje ya juya wajen Habibu, ya shirya wa rigima tsaf. Habibu ya yi murmushi ya ce, "Farfesa ya yi gaskiya. A sa mini ɗaya."

Kai, wannan sauƙin kan ya fi zagi ciwo. Maje ya so a ce ko tsaki mutumin ya yi.

Ranar jajibere aka jawo san. Yusuf ya zagaya shi ya ce wannan ai maraƙi ne da ya yi gaggawar fitar da ƙaho. Kafin hantsi mahauci ya gama aiki, aka shimfiɗa buhuna aka kasa. Kashin bana bai kai na bara ba, ƙashi ya fi tsoka, kowa ya gani, ana ta ƙunƙuni. Maje ko a jikinsa. Idonsa na kan Habibu, wanda ya tattare babbar riga, ya sunkuya ya kwashe kashinsa ɗaya tal a baƙar leda irin ta kowa. Wani sanyi ya ratsa Maje tun daga ƙirji har tafin ƙafa, ya manta ma da ƙishirwar azumi.

Da yake an gama da wuri, kuma ransa fes, ya ce bana da kansa zai kai wa Inna nata. Ya ƙara mata tsoka biyu a kan na kullum, ya hau babur sai Darmanawa.

Tun daga soro ya ji hayaniyar mata. Yana shiga ya tarar da Inna a kan kujera 'yar tsuguno da wuƙa a hannu, gabanta babban baho, a cikinsa cinyar sa guda, jawur, kitse na ƙyalli. Maƙwabta sun kewaye ta da kwanuka.

"Ga shi nan, ɗan albarka!" in ji Inna. "Ku gan shi. Bana har cinya sukutum!"

Maje ya durƙusa ya gaishe ta, ledarsa a bayansa. Da ƙyar ya ce, "Inna, wa ya kawo?"

"Ji wata tambaya! Wa ka saba aikowa? Habibu mana. Ɗazun nan ya fita. Ya ce bana ban da watandar, sa guda kuka kayar a gidansa ku biyu, kai ka ce a cire mini cinya. Amma ka daina wahalar da shi haka. Mutum da girmansa, duk shekara shi zai ɗauko kashi guda ya kawo mini, wai rabo ya riƙe ka. Sannan ka sake biyo shi da ɗan ƙari a leda, sai ka ce ni kura ce."

Matan suka yi dariya. Wata tsohuwa ta ce ita dai tun rasuwar mijinta, naman Malam Maje ne naman sallarta.

 Maje ya tuna kashi biyar ɗin nan da yake rakawa da harara, ya rasa ina sauran suke zuwa, kuma bai so ya sani ba. Kunya ya kamata ta kama shi, ta kuwa kama shi. Amma abin da ya taso ya danne ta tsohuwar abokiyar zamansa ce, hassada. Shago, mota, Makka, duk ya haƙura. Yanzu har a tsakar gidan uwarsa ma Habibu ya fi shi?

Inna ta ajiye wuƙar, ta goge hannu a zani, ta ɗaga tafukanta sama. Matan suka ɗaga nasu.

"Wanda ya ciyar da ni naman nan, Allah ka ƙara buɗa masa. Allah ka ɗaga shi sama da sa'o'insa. Allah ka raba shi da mahassada."

"Amin, amin," in ji matan.

Inna ta dube shi. "Kai ba ka iya cewa amin ba ne?"

Maje ya matse ledar a bayansa har jini ya fara ɗiga a kan takalminsa. Ya san wanda ake roƙo ya san mai naman.

"Amin, Inna," ya ce.