Katin Mayya a Hannun Zulaihatu

Munir ne ya kawo wasan nan Babankatami, kuma wallahi da ya bar shi can Yamai da ya taimaki kowa. Ya zo hutun jami'a ne tsakiyar damina, an gama maimai, wato noma na biyu, gero ya rufe mutum, ba sauran aiki sai jiran kaka da kashe sauro. Kullum bayan azahar yakan rako yayarsa Salima rumfar ɗinkin Zulaihatu, inda matan unguwa ke taruwa, wasu da yadi, wasu da baki kawai. Ran nan ya zaro wani ɗan kwali daga aljihu, cike da katuna masu zane.

"Wasa na," ya ce. "Kowa shi ja kati guda, shi duba, shi ɓoye. Duk mutanen gari na ku, sai guda ɗai da ka cin mutane. In na ce dare ya yi, ku ruhe ido, shi kuma shi buɗe nashi shi nuna wanda za shi ci. In na ce gari ya waye, sai ku yi gardama ku kori wanda kuke zargi."

Ya nuna musu katin mai cin mutanen, wata dabba ce baƙa mai haƙora, ya faɗi sunanta da Faransanci, ba wadda ta iya riƙewa. Biba mai sayar da fura, wadda ba a taɓa yin magana ta bar ta ta wuce ba, ta tafa hannu.

"Shina zaune cikinku, shina dariya da ku, shina cin ku ɓoye? Ai maye na wanga!"

Aka kwashe da dariya, sunan kuma ya zauna.

Kalmar ta soki Zulaihatu, amma ta yi dariya tare da kowa. To me za ta yi? Gidansu tsoffin Azna ne, masu yanka a gindin dutse a da. Sun musulunta tun kafin a haifi ubanta, uban ma shi ya yi ladanci har Allah ya karɓi abinsa, amma mutanen garin nan, Allah ya shirye su, abin da ya kamata su manta shi suka fi riƙewa. An taɓa raɗe-raɗin cewa kakarta A'i mayya ce. Maganar ta kwanta shekara da shekaru, Zulaihatu kuma ta girma tana kaffa-kaffa kada ta tashe ta. Ba ta yaba ƙibar jaririn kowa, ba ta daɗewa a ɗakin mara lafiya. Yanzu ga ta da ɗiya, Ikram, da ta fara tafiya, mijinta yana can Abijan wajen nema, kuma kowa ya san irin wannan suna a nono ake cewa ana shan sa. In ya hau kan uwa, ya hau kan ɗiya har ta tsufa.

Ta ja kati ta leƙa. Dabbar ce, baki buɗe.

Ta so ta ce kanta na ciwo ta tashi. Amma tashin ma ai magana ce, a ce me ya tsorata ta? Ta tura katin ƙarƙashin cinya ta gyara zama.

"Dare ya yi," in ji Munir, rana kuwa na dukan kwanon rumfar kamar ta huda shi. "Maye, buɗe ido."

Ta buɗe. Ga mata zube a tabarma, ido rufe, kowace ta sake fuska. Salima na jingine da gimshiƙi, hannu bisa cikinta na fari da ya tsufa, tana murmushi tana taunar gyaɗa. Tare suka yi lakwal, wato makarantar boko, tare suka sha bulalar mushe malaminsu, Salima ce ta riƙe mata fitila ranar da aka kai ta ɗakin miji. Sai wata dabara ta faɗo wa Zulaihatu: wa zai taɓa zargin ta da cin Salima? Ta ɗaga yatsa ta nuna ta.

Abin haushin shi ne ta iya wasan. Kai, ta iya! Da aka ce gari ya waye an ci Salima, ita ta fara salati, ta dafe ƙirji, ta juya kan Biba ta ce ta ji motsin awarwaronta sa'ad da ido ke rufe. Biba ta yi rantse-rantse, aka kore ta. Aka sake rufe ido, aka sake cin wata, aka sake korar wadda ba ta ji ba ba ta gani ba. Mata suka fara kallon juna a kaikaice, mai tari a ce me ya sa ta tari, mai shiru a ce shirun ya yi yawa. Zulaihatu kuwa wani daɗi ne ya kama ta, irin wanda ba ta taɓa ji ba, ita da kullum take auna kowace kalma kafin ta fito. Har gari ya ƙare ba wadda ta kawo ta a rai.

Da ta juya katin, rumfar ta ɗauki ihu. Salima ta kai mata duka a kafaɗa tana dariya har da hawaye.

"Ke Zulai, muguwa! Ni kinka ci, da ni da ɗan cikina?"

Biba dai ba ta yi dariya ba, korar da aka yi mata na cin ta. Ta ɗauki ƙwaryarta ta aza a ka.

"To, ai ba yau ta koya ba," ta ce.

Dariyar ta mutu. Munir ya tattara katunansa da sauri, aka ce la'asar ta yi, aka watse.

Ba a jima ba masassara ta kwantar da Salima. Lokacin masassarar ne, kowane gida da mai ita. Aka kai ta gidan likita a amalanke, majo, ma'aikacin jinyar wurin, ya yi mata allurai, ya ce ta sauro ce, a maida ta gidan uwarta a jira magani ya kama jiki. Jikin kuwa sai ƙara zafi yake.

Washegari Zulaihatu ta buɗe rumfa, ba wadda ta zo. Ta ɗinka hannun riga a baibai, ta farke, ta sake, ya sake fitowa a baibai. Ta goya Ikram ta kama hanyar gidan su Salima, tana kaiwa bakin famfo ta tsaya. In ta je, a ce ta zo ƙarasawa. In ba ta je ba, a ce ta san abin da ta yi. Matan da ke jiran ruwa suka gaishe ta da fara'a fiye da kullum, fara'ar ce ma ta tayar mata da hankali. Ta juyo gida, ta ɗora tukunya, ta manta ba ta hura wuta ba. Ta sake fita, ta sake dawowa. A dawowar ne ta ji ta bayan danga ana cewa Salima na sambatu, kuma suna guda take kira. To sunan wa za ta kira, jama'a, in ba na ƙawarta ba? Amma a garin nan an ce wanda maye ya kama sunan mayen yake ambata.

Kafin la'asar aka yi sallama. Inna Cima ce, uwar Salima, ba ko takalmi a ƙafarta. Zulaihatu ta shimfiɗa mata tabarma, tsohuwar ta ƙi zama, ta durƙusa a ƙasa.

"Subhanallahi, Inna! Tashi, don Allah!"

"Ɗiyata, ni ban ce komi ba. Ke ma ni na goye ki. Ki taho ki ƙetare ta, shi ke nan."

Zulaihatu ta ja da baya. Ta san al'adar sarai. Wanda ake zargi da kama kurwar mutum shi ake sawa ya ƙetare majinyacin, ya kuskure baki a ba majinyacin ruwan ya sha, wai a nan yake sakin kurwar. Kuma wanda ya ƙetara ya amsa sunan da ƙafarsa.

"Inna, wasa na hwa! Kati na, takarda! Munir shi yi muku bayani."

"Ya yi. Ni ban san kati ba. Na san kin nuna ta da yatsa, kin ce kin ci ta, ga ta nan kwance."

"Inna, ki dubi Ikram."

Tsohuwar ba ta dubi yarinyar ba. Kuka kawai take yi.

Zulaihatu ta bi ta, tana gaya wa kanta dubiya za ta yi, ba za ta ƙetare kowa ba ko za a yanka ta. Tsakar gidan cike da mata, suka dare suka ba ta hanya, hanyar ma ta yi faɗi da yawa. Munir na tsaye bakin ɗaki yana ta faɗa shi kaɗai, camfi ne, jahilci ne, shi ya raba katunan da hannunsa, ba mai sauraron sa.

Salima na kwance a tabarma, leɓe ya bushe, gumi ya jiƙe ɗankwali. Zulaihatu ta durƙusa ta kama hannunta, zafinsa kamar murfin tukunya.

"Salima, ni ta. Hwaɗa musu. Ke kin san ni."

Salima ta buɗe ido da ƙyar. Ba sambatu take ba, hankalinta ɗaya.

"Na sani, Zulai. Na san ba ki yi komi ba." Ta ɗora ɗayan hannun bisa cikinta. "Amma ɗan ga bai motsa ba tun jiya. Ki ƙetare ni, don Allah. In babu komi, mi za ki rasa?"

Zulaihatu ta dube ta. Ta san abin da za ta rasa, Salima ma ta sani, shi ya sa ta kau da ido. Haushi ya kama ta, ta so ta zage ta, ta so ta tashi ta fita. Amma hannun nan mai zafi yana cikin nata, ɗayan kuma na bisa cikin da ba ya motsi. Tsoro ne ke magana a bakin Salima, kuma da ita ce a kwance, ba ta da tabbacin ba za ta roƙi haka ba.

Ta miƙe, ta ƙara ɗaure goyonta, ta tattare zane. Ta ƙetara, ta juyo ta sake ƙetarawa yadda Inna Cima ta nuna. Aka miƙo ƙwarya, ta kuskure baki ta zuba, aka ɗago kan Salima aka ba ta. Wata tsohuwa ta ce Allah shi yi albarka. Zulaihatu ta fita ba ta kalli kowa ba, ta tafi gida ta bayan gari.

Da hantsi washegari Munir ya yi sallama a ƙofar gida. Ta fito da gudu.

"Zazzaɓin ya sauka, Yaya. Ta tashi zaune, ta sha kunu. Ɗan ma ya motsa."

"Alhamdu lillahi!" Hawaye suka zubo mata, na murna ne tsantsa, har ta dafa bango. Sai da ta share fuska sannan ta gane abin da labarin ke nufi. Yanzu duk garin ya ga ta ƙetara, kuma an warke.

"Allurar majo ta," in ji Munir, yana kallon ƙasa. "Dama ya ce sai an jira."

"Haka na," ta ce.

Ta koma ciki ta ɗebo masa ruwa a randa, yadda ake yi wa duk wanda ya tako a rana. Ya karɓi kwanon da hannu biyu. Ya dubi ruwan, ya daɗe yana duban sa.

"Ina azumi, Yaya," ya ce, ya miƙo mata.

Laraba ce ranar, ba Litinin ko Alhamis ba, Munir kuwa ko na watan azumi da ƙyar yake kaiwa. Ta karɓi kwanon, shi kuma ya juya ya tafi. Ta bi shi da kallo har ya sha kwana, sannan ta ɗaga kwanon ta shanye ruwan a tsaye, ta rufe ƙofa.