Ɗakin Ajiya a Bayan Masaƙa

Da na san abin da zai biyo baya, da ranar da Rayyis Gamil ya ce in daina wahalar da kaina da dangwala yatsa a na'urar shaidar zuwa aiki, da na toshe kunnena. Amma Gamil ne ya faɗa, shugaban sashenmu, mutumin da muka shiga masaƙar nan tare tun gashinmu yana baƙi. Mun ci gurasa da gishiri a kwano ɗaya, kuma wanda kuka yi haka da shi ba a neman shaida a kan maganarsa.

Tun da aka sayar da masaƙar, sababbin masu ita suke so tsofaffin ma'aikata su yi ritaya don raɗin kansu. Za su ba mutum wani abu a dunƙule, ya bar gidan kamfani, fanshonsa kuma ya zama rabi. Ni saura shekara biyu cikakken fansho ya tabbata a gare ni, ga 'yata Nagwa tana makarantar koyon jinya, ga ƙannenta uku a ɗaki biyun da kamfani ya ba mu. Na ce ba zan sa hannu ba.

Waɗanda suka ƙi, sai aka cire mu daga kan injuna aka kai mu tsohon ɗakin ajiyar auduga, can bayan katanga. Babu aiki. Benci ne, da fanka da ba ta juyawa, da taga ɗaya. Mu zauna daga safe har a tashi.

"Abu Nagwa, ka ga an ƙara mana girma," in ji Ammu Shahhat, wato Baffa Shahhat, dattijon da ya fi kowa daɗewa a cikinmu, yana kirana baban Nagwa kamar yadda aka saba. "Da muna saƙa yadi, yanzu muna gadin gizo-gizo yana saƙa nasa."

"Shi ma a yi masa tayin ritaya mana," na ce.

"Ya fi mu wayo, gidansa ba na kamfani ba ne."

Na'urar da ake dangwala yatsa don a san mutum ya zo aiki tana babbar ƙofa, ɗakinmu kuwa sai an zagaya ta titin kasuwa. Gwiwata ta dama ta daɗe tana damuna. Wata safiya Gamil ya same ni ina ɗingishi a hanya, ya dafa kafaɗata.

"Haba ɗan'uwa, me ya kai ka wannan zagaye? Ka wuce ɗakin kai tsaye. Ni nake leƙa ku kullum, ni zan shaida ka zo."

"Ba za a samu matsala ba, Rayyis?"

"Ina raye? A wuyana."

Da ya ce a wuyansa, magana ta ƙare. Kullum ina zuwa, ina zama, Gamil yana leƙowa ya sha shayinmu ya tafi. Ammu Shahhat shi bai daina zagayen ba, yana cewa likita ya ce ya riƙa tafiya.

Bayan 'yan makonni aka kira ni ofishin kula da ma'aikata. Jami'in ofishin, Ustaz Wagdi, saurayin da bai girmi Nagwa da yawa ba, ya ba ni kujera har ya sa aka kawo mini ruwan sanyi.

"Ammu Abdussattar," ya kira ni da sunana na yanka, "na'ura ta nuna ka daɗe ba ka zuwa aiki."

"Ranka ya daɗe, kullum ina nan. Ka tambayi Rayyis Gamil."

"Mun tambaye shi. Ya ce shi ba aikinsa ba ne lura da zuwan mutane." Ya gyara tabarau. "Wanda ya yi irin wannan fashi, ana iya sallamarsa hannu wofi. Amma mu muna ganin girmanka. Ka sa hannu a ritayar, mu manta da zancen."

"In na ƙi fa?"

"Sai ranar Lahadi mu haɗu a ofishin ƙwadago, ka kawo shaidarka."

Ammu Shahhat ya ce zai je, amma ya san shaidarsa ba za ta yi nauyi ba. "Za su ce tsohon da ya ƙi sa hannu yana kare ɗan'uwansa. Gamil kaɗai za su ji."

Bayan la'asar na hau bene zuwa wurin Gamil. Gidansa yana saman namu, bututun ruwanmu ma ɗaya ne. Matarsa ta kawo shayi ta koma ciki ba ta tsaya gaisuwa ba.

"Gamil, kai ka ce a wuyanka."

Ya juya cokali a kofi. "Na faɗa. Kuma wallahi da zuciya ɗaya na faɗa, ban san za su bi ta nan ba."

"To ka zo ka maimaita ranar Lahadi."

"Sun kira ni kafin su kira ka, Abu Nagwa. Wagdi ya tambaye ni lafiyar Hazim." Hazim ɗansa ne, wanda ake wanke wa ƙoda a asibitin kamfani. "Lafiyarsa kawai ya tambaya, bai ƙara komai ba."

Na sha shayin saboda kada in bar masa shi a gabansa, na tashi. A bakin ƙofa ya riƙe hannun rigata.

"Bar ni in yi tunani."

Da na sauko, matata Umm Nagwa tana gyaran wake a tire. Ta dube ni sau ɗaya ta ci gaba da aikinta.

"Yaran sun sani?" na tambaye ta.

"Nagwa ta ji a bakin maƙwabta. Ta ce za ta bar makaranta ta nemi aiki a kantin magani."

"Ba inda za ta."

"Na gaya mata. Ta ce to ina za mu zauna?"

Na fita baranda. Ina jin takun Gamil a samanmu, yana kai wa yana komowa. In na sa hannu kafin Lahadi, mun bar gidan nan da rabin fansho. In na jira kuma bai zo ba, mun fita babu ko rabin. Yau Alhamis, ban sa hannu ba tukuna, kuma ban san ko Gamil zai zo ba.