Gashin Wendell a Cikin Madubi

Shekarata tara ina gyaran tsofaffin fina-finai a wani ɗan shago a Oakland, ni da maigidana Petrakis. Galibi fina-finan manya ne na shekarun saba'in, irin waɗanda a da sai mutum ya waiga hagu da dama kafin ya sayi tikiti. Mukan wanke faifan, mu bi hotunan ɗaya bayan ɗaya, har su fito tas.

Wani faifai ya zo mana duk launinsa ya koma ja. Ba mu san asalin kalarsa ba, don haka Petrakis ya yi ta cigiya har ya samo tauraruwar fim ɗin, Lorraine Dudek, mai shekara saba'in da shida, tana koyar da ɗinki a Fresno. Na ɗauka za ta kashe masa waya. Ranar Asabar sai ga ta da mijinta Wendell, wani dogo mai sanƙo, riƙe da kek.

Da na kunna fim ɗin, ni kunya ta kama. Ita kuwa gilashinta ta gyara.

"Ɗan nan, daina kallon takalminka," ta ce. "Labulen can kore ne. Ni na ɗinka shi."

Haka muka yi ta bi, tana faɗa ina gyarawa. Can sai na tsayar da hoton. A madubin bango, inda a da duhu ne kawai, ga wani saurayi riƙe da sandar ɗaukar murya, gashi har kafaɗa, baki sake.

"Kuskuren masu ɗauka ne," na ce. "Yanzu zan goge shi."

Lorraine ta matso, ta ƙura ido, sai ta fashe da dariya har da hawaye.

"Tsoho, zo ka ga gashinka. Jikokinka sun ce ƙarya kake, ba ka taɓa yin gashi ba."

Wendell ya leƙa, ya shafa kansa. "Aiki nake yi a nan."

"Aikin kallo dai. Rufe bakin mana, kar ƙuda ya shiga."

Ashe a ranar suka fara haɗuwa. Petrakis ya ce abin da kyamara ta ɗauka ba ma taɓa shi, saurayin ya zauna a fim ɗin.

Da za su tafi, Wendell ya ja ni gefe, ya roƙi in buga masa hoton a takarda.

"Madubin kaɗai," ya ce ƙasa-ƙasa. "Sauran ɗakin ba na jikoki ba ne."